Ambaliyar Kano: mu muka toshe wa ruwa hanya, mu daina ɗora wa damina laifi

Rannan da aka tafka ruwan nan na yamma ina cikin adaidaita sahu za mu gangara wajen Fagge, ruwa ya shafe titi har ba ka gane ina ne kwalta ina ne lambatu. Wani dattijo a kusa da ni ya girgiza kai ya ce, "Ikon Allah, ruwan bana kam sai addu'a." Muka ce haka ne Baba. Ba a yi nisa ba sai ga wani yaro ya fito daga lungu da bokiti a ka, ya zo bakin kwalbati ya juye shara tas a cikin ruwan, ledoji da toka da ɓawon rake da famfas ɗin yara, ya koma da gudu, da alama akwai saura a gida. Babu wanda ya ko kalle shi sau biyu.

Yaron ba shi da laifi, aiko shi aka yi. A gidaje da yawa a garin nan da zarar hadari ya haɗo sai a fara cewa ku tattaro sharar nan ruwa zai tafi da ita. Ya tafi da ita ina? Wannan kuma ba a tambaya.

Bari in faɗi ra'ayina tun da wuri kar in ɓata wa kowa lokaci. Mafi yawan ambaliyar da muke gani a cikin birnin Kano aikin hannunmu ce. Kuma hannun da yake sa ruwa ya shigo mana ɗaki a watan Agusta shi ne dai yake sa rijiyarmu ta ƙafe a watan Maris. Mun saba ɗaukar su kamar matsala biyu, da damina mu yi kukan ambaliya, da rani mu yi kukan tsadar jarkar 'yan garuwa, alhali abu ɗaya ne: ruwan da ya kamata ya samu gurin zama ya nutse a ƙasa mun hana shi gurin.

Ina kududdufan suka tafi?

Tsohon birnin Kano da ƙasa aka gina shi. Duk gidan da ka gani na tubali da azara, ƙasarsa a nan kusa aka haƙo ta, haka ma badala wadda tarihi ya ce tun zamanin Sarki Gijimasu aka fara ta. Ramukan da aka bari su suka zama kududdufai, shi ya sa da wuya ka samu tsohuwar unguwa da ba ta da nata. Ko sun tsara hakan ko ba su tsara ba, mutanen da sun bar mana tsarin magudanar ruwa mai aiki. Ruwa ya sauko daga indararo ya bi lungu, lungu ya kai shi kududdufi, ya kwanta a nan wata da watanni yana tsatsafowa cikin ƙasa a hankali yana ciyar da rijiyoyin unguwa. Wanda ya yi yawa ya malala Jakara, koramar da ta ratsa birni, ita kuma ta fita da shi bayan gari, ta haɗu da koramar Getsi, su zarce dam ɗin Wasai a Minjibir.

Yanzu je ka nemi kududdufin unguwarku. Kuma duk mun san yadda ake kashe shi, salon iri ɗaya ne. Da farko za a mayar da gefensa bola. Sai tifa ta fara zuwa da ɓaraguzan gini, wai ana gyara gurin ne saboda wari. In ciko ya ɗan yi ƙwari sai ka ga an kafa langa-langa, mai wankin mota ko mai siyar da katako ya zauna na ɗan lokaci. Wata rana da safe ka fito ka tarar ana haƙa fandisho, kafin damina biyu filaza ta tashi da gilasai. In ka yi magana a ce maka ai mai gurin yana da takardunsa cif, kuma wallahi sau da yawa yana da su ɗin, da sa hannu da hatimi.

Duk wanda ya san titin BUK, wato Jami'ar Bayero, a da, daga wajen Ƙofar Na'isa zuwa Gadon Ƙaya, ya san ruwan da yake kwanciya a gindin badala. Ya je yau ya ƙirga abin da ya rage. To ruwan da yake zama a nan bai daina sauka daga sama ba fa. Adadin nan dai yana zuwa, sai dai yanzu a kan titi yake tsayawa ko a falon wani.

Abin da ya faru a Kantin Kwari a daminar 2022 ai ba a manta ba. Ruwa ya shiga shaguna ya jiƙa atamfa da shadda da leshi na maƙudan kuɗi, kuma 'yan kasuwar da bakinsu suka dinga nuna gine-ginen da aka ɗora a kan hanyoyin ruwa. Ba dam ne ya ɓalle ba kamar na Alau da ya ci Maiduguri a watan Satumbar 2024. Ruwan sama ne kawai na 'yan awanni ya rasa inda zai bi.

Ɓangaren rani kuma ga yadda yake. Kano a kan dutse take zaune, duk mai haƙar burtsatse zai gaya maka. Babu wani kogi da yake gudu a ƙarƙashinmu, ruwan da muke zuƙowa yana maƙale ne a cikin ruɓaɓɓen dutsen da ke sama-sama da kuma tsagogin da ke ƙasansa, kuma ruwan sama ne yake sake cika su, a damina ta wata huɗu zuwa biyar. Mu kuma me muka yi? Tsakar gida tayil, ƙofar gida intalok ko siminti, harabar masallaci kankare, makaranta kankare, kududdufi filaza. Sannan tunda famfo ya daina zuwa unguwanni da yawa, duk mai ɗan hali ya kira masu injin su huda masa ƙasa, layi ɗaya sai ka ƙirga tankuna a sama kamar ana gasa. Muna ta ɗiba ba ma bari a zuba. Wanda ya haƙa bana sai ya zarce na bara zurfi, talakan da ke maƙwabtaka da su kuma ya zura guga ya ji ta daki taɓo.

"Ai daga Allah ne"

Haka ne, babu musu, ɗigon ruwa ba ya sauka sai da izininsa. Amma Allahn da ya saukar da ruwan shi ne ya gaya mana a Suratur Rum, aya ta 41, cewa ɓarna ta bayyana a tudu da ruwa saboda abin da hannayen mutane suka aikata. Kuma tun muna yara a islamiyya aka koya mana hadisin ɗaure raƙumi kafin tawakkali, da wanda ya ce kawar da abin cutarwa daga hanya sadaka ne. Ban ga yadda mutum zai cusa katifa tsohuwa a kwalbati sannan ruwa ya dawo masa ya ce ƙaddara ba. Abin da yake ba ni haushi shi ne mun iya rarrabewa sarai a wasu abubuwan. In direba ya kwaso gudu da taya sudaddiya ya kifar da mutane, muna cewa Allah ya jiƙansu kuma muna cewa a kama direban. A maganar ruwa ne kawai muke tsayawa a rabin farko.

Da ma malamanmu za su ba wa maganar nan huɗuba guda kafin kowace damina, na tabbata da ta fi sanarwar rediyo goma tasiri.

Sai kuma 'yan boko, su nasu bakin sauyin yanayi ne, wai Turawa da Sin da Amurka ne suka ɓata duniya da hayaƙi mu muke biya. Akwai gaskiya a ciki sosai. Najeriya gaba ɗayanta ba ta kai kashi 1 cikin 100 na hayaƙin da duniya ke fitarwa ba, kuma masana sun ce duk ƙarin zafi na digiri ɗaya iska tana ƙara ɗaukar danshi da kusan kashi 7 cikin 100, shi ya sa ruwan yake zuwa da ƙarfi a lokaci ɗaya. A 2022 ambaliya ta kashe sama da mutum 600 a faɗin ƙasar nan, maƙwabtanmu na Jigawa sun ji jiki ƙwarai. To amma in har ka yarda ruwan zai dinga zuwa da ƙarfi, ai hujja ce a kanka ta ka ƙara buɗe masa hanya. Babu Baturen da ya zo ya ɗora maka shago a kan lambatu, kai ka sa birkila ya zuba silab ya ƙara maka dakali don ka samu gurin baza kaya.

Maganar da ta fi ƙarfi: kududdufi ai ƙazanta ne

Wannan ita ce hujjar da nake girmamawa, domin wanda ya zauna kusa da kududdufi ya san ba lambu ba ne. Wari, sauro, koren ruwa mai kauri, yara su shiga wanka su kwaso tsargiya, kuma kusan kowace tsohuwar unguwa tana da labarin yaron da ya tafi kamun kifi ko wanka bai dawo ba. Wasu guraren ma bakin kududdufin ya zama matattarar 'yan shaye-shaye. Uwar da ta rasa ɗa a ruwan nan in ta ce a cike shi, ni ba ni da bakin ce mata ba ta da hujja. Kuma mutanen unguwa da yawa da kansu suke roƙon a zo a yi cikon, wannan ma gaskiya ce.

Amma mu tsaya mu duba abu biyu. Wa ya mayar da shi ƙazantar? Mu muka juya masa kwatar banɗaki, mu muka mayar da shi juji, mushen akuya ma can ake jefawa. Mun ɓata shi da hannunmu sannan muka kafa hujja da ɓacin nasa muka siyar.

Na biyu, bayan an cike, sauron ya ragu? Ku gaya min tsakani da Allah. Da yana can bayan unguwa, yanzu yana ƙyanƙyasa a lambatun da ya toshe a ƙofar ɗakinka, da tsohuwar taya, da gwangwanin da ruwa ya taru a ciki. Layin masu zazzaɓi a kemis bai ragu ba. Ƙari ma aka samu, domin idan ruwa ya malale unguwa yana haɗa masai da rijiya, daga nan sai ka ji ana maganar amai da gudawa da taifot.

Tsakanin a bar kududdufi ya ruɓe da a mayar da shi filaza akwai hanya ta uku, kuma ba wani abin sai an je ƙasar waje ba ne. A yashe shi, a katange shi yadda yaro ba zai faɗa ba, a hana juya masa kwata, a zuba tarwaɗa da ƙarfasa su dinga cinye tsutsar sauro, a dasa darbejiya a zagaye. Matasan unguwa ma sai su samu abin yi da kifin. Inda kuma ya zama dole a cike, to a fara gina magudanar da za ta ɗauki ruwan da yake ɗauka tukunna. Mu a nan a juye muke yi, a fara gini, in ruwa ya ci mutane sai a kafa kwamiti.

Wani zai ce jama'a sun yi yawa, ina kake so su zauna? Gaskiya ne Kano ta cika ta batse. A ƙidayar 2006 ƙananan hukumomi takwas na cikin birni da kewaye sun kusa mutum miliyan 3, yanzu kuwa sai dai a yi ƙiyasi, Ungogo da Kumbotso da muke kira bayan gari duk sun haɗe. Amma dan Allah ku duba abin da ake ginawa a kan kududdufan bakin titi, gidan talaka ne? Shaguna ne da gidan mai da gurin biki. Talaka shi nasa rabon awon igiya ne a cikin kwari, dillali ya kai shi da rani guri ya bushe ƙayau ya ce masa Alhaji wannan ai tsintuwa ce, babu titi babu lambatu, lungu ko kura ba ta wucewa. Daminar farko ya gane dalilin arahar. Shi aka cuta sau biyu, a kuma zo a ce shi ya gina a hanyar ruwa.

To gwamnati fa?

In ɓera da sata, daddawa ma da wari. Kuma a nan ni a ganina kason hukuma ya fi girma, domin mai shara bokiti ɗaya yake zubawa, mai sa hannu a takardar fili kuwa da biro ɗaya yake kashe kududdufin da ya yi shekara ɗaruruwa yana aiki. Matar da ke cikin lungun da motar shara ba ta taɓa shiga ba, ta ba wa almajiri 'yan canji ya fitar mata da shara, ina kake zaton zai kai? Inda ya fi kusa. Ba za ka hana mutum zubawa a lambatu ba tare da ka nuna masa inda zai zuba ba, kuma ka zo ka kwashe a kan lokaci.

Dubi tsaftar muhallin Asabar ɗin ƙarshen wata. An hana zirga-zirga har ƙarfe goma, yawancinmu barci muke ƙarawa, yara su kafa gola a kan titi. 'Yan ƙalilan ɗin da suke fitowa da shebur, Allah ya saka musu, sai su yashe lambatu su tara baƙin taɓon nan a bakinsa, tsibi-tsibi, da ledoji suna leƙowa. Ya kwana, ya yi sati, awaki su baje, adaidaita ya taka, ruwan farko ya mayar da shi inda aka ciro shi. Wata mai zuwa a sake. In babu motar da za ta bi bayan masu shebur a ranar, wahalar banza ake ba wa mutane.

Ita kanta Jakara, a zangon Kwankwaso na biyu aka fara aikin rufe ta da kankare da shimfiɗa titi a kanta, wanda ake kira Wuju-Wuju. Waɗanda suka sha warinta shekara da shekaru sun ji daɗi kuma ban ga laifinsu ba. Sai dai rufaffiyar magudana tana da sharaɗi, dole a dinga buɗewa ana yashewa, domin abin da ya toshe a ciki ido ba ya gani sai ranar da ya yi aman ruwa. Kuma kankare ba ya shan ruwa, tura shi gaba kawai yake yi da gudu, ga na ƙasa.

Ban ma shiga maganar abin da ke cikin ruwan ba. Dattin masana'antun Bompai Getsi yake bi, na kamfanonin jima da ke Sharaɗa da Challawa kuma yana gangarawa kogin Challawa, da sinadarin kuromiyom da ake jeme fata da shi. A bakin ruwan Jakara da Getsi ake noman rani na latas da alayyafo da kabeji, su dawo mana kasuwa mu siya mu yi kwaɗo. Wannan rubutu ne na daban.

Leda kuwa dole in taɓa ta, don duk wanda ya taɓa zura shebur a lambatun Kano ya san ita ce rabin abin da yake fitowa. Koko a leda, ƙosai a leda, tuwon biki a leda, ka siyi ashana ɗaya a saka maka a baƙar leda in ba a saka ba ka ji an raina ka. Iyayenmu da kwano da kwando suke zuwa cefane kuma ba su mutu ba. Ka tambayi mahauta abin da suke tararwa a tumbin saniya ko akuyar da ta yi kiwon bola, dunƙulen leda ne kamar an tufka. Ƙasar Ruwanda ta hana ledar cefane tun 2008, Kenya ta bi a 2017, Legas ma ta hana farin mazubin abincin nan na tekawe a farkon 2024. Ni ban ce a wayi gari a hana fiya wata ba, tunda famfo babu ruwa me mutane za su sha? Amma ku lura da 'yan gwangwan: ba ka taɓa ganin ƙarfe ko gorar roba ta kwana a titi, saboda suna da kuɗi. Leda ce ba ta da mai siya shi ya sa take kwana. A sa masu kamfanonin ruwan leda su dinga siyan ledarsu a kan kilo ta hannun 'yan jari bola, ku ga in yaran nan za su bar ko ɗaya a ƙasa.

Abin da nake so a yi ba shi da tsada kamar gadar sama. Kududdufan da suka rage a ƙirga su, masu unguwanni da dagatai sun san kowanne da sunansa da iyakarsa, a buga jerin a fili kowa ya gani, a yi doka cewa babu gwamnan da zai raba su babu kuma wanda zai yi ciko a kai, ko waye shi. Yashe manyan magudanu a yi shi a Afrilu da Mayu, tunda hukumar NiMet tana fitar da hasashen damina tun farkon shekara, babu wanda zai ce ba a gaya masa ba. Rabon shinkafa da tabarma bayan gida ya rushe ba aiki ba ne.

Mu kuma masu gida, in za ka yi gini ko gyara, ka bar wani ɓangare na tsakar gidan da ƙasa ko tsakuwa, ka dasa ko bishiya ɗaya, ka juya indararo zuwa tanki ko ramin da aka cika da tsakuwa maimakon ka sako wa maƙwabci a lungu. Birkila zai ce maka Alhaji ai gidan ba zai yi kyau ba sai an shafe ko'ina, don shi a kan yawan siminti yake cin kuɗinsa. Ka ce masa ya bar maka gurin haka.